Ranar da Na Janye Gado Daga Wasan Dawakin Gora

Tun da na dawo daga Indunusiya ba a bar ni na sha shayi cikin natsuwa a fadarmu ba. Wani ya ce, "Arzika, wai da gaske har da sahe shinkahwa suke ci?" Kafin in amsa wani ya ce, "Bar batun shinkahwa, hwaɗa muna mi ya sa ka jawo Gado kamar akuyar da ta shiga gonar mutane." Na san tambaya ta biyu ce ke cin kowa, don duk garin nan babu wayar da bidiyon bai shiga ba. Na daɗe ina ba da gajeruwar amsa ina sauya magana. Yanzu maganar ba ta iya cutar da kowa, na kuma nemi izinin Gado ya ba ni, don haka ga labarin tun daga tasha. Karatuna a aji shida na lakwal ya tsaya, wanda ya ga kuskure ya yi mini afuwa.

Ga wanda bai san mu ba, ni yaron butik ɗin Alhaji Nomau ne a kasuwar Dogon Dutsi, tun ban yi aure ba har na aje 'ya'ya a kwaleji. Jallabiyoyi muke sayarwa da hijabai da kayan yara da dardumar salla, mafi yawansu daga Jakarta Alhaji ke ɗauko su, wurin wani mai gidan ɗinki da ake kira Pak Slamet. Pak a wurinsu kamar mu ce Malam ne ko Baba. Gado kuwa taubashina ne, ɗan gwaggona. Ni na kawo shi butik ɗin, ni na koya masa yadda ake ninke jallabiya ba ta yamutse ba.

Da gwiwoyin Alhaji suka ƙi masa doguwar tafiya, ya kira mu mu biyu ya ce, "Ku tahi tare. Mutanen can ba su ciniki da takarda, da huska suke yi. Wanda Pak Slamet ya saki jiki da shi, shi za ya riƙa tahiya a madadina."

Na ce to, amma maganar ba ta yi mini daɗi ba. Wa ke buɗe butik, wa ke rufewa? Sai an gwada ni da wanda na koya wa aiki? Kowa ya san mai tafiya Jakarta shi ne magajin Alhaji a sana'ar nan. Wanda aka bari gida a magaza, ɗakin ajiyar kaya, zai tsufa, yana jera kaya yana saukewa.

Na fara shiri da wuri. Matata Hadiza ta ɗinka mini aljihu a cikin wando don fasfo. Na haddace gaisuwarsu da na gode da nawa ne daga waya, ina maimaitawa a kan hanyar masallaci. Na tattara duk wata takarda mai sunana, har da sartifikar lakwal, ko za a tambaya. Shirin Gado aski ne da sabon takalmi.

Bis muka shiga da safe, ta Doso zuwa Yamai. Duk inda jandarma suka tsayar da mu ni ne farkon sauka, takarda a hannu, kamar na yi sata. Gado kan fito a ƙarshe yana miƙa. A wani shingen na ji yana ce wa jandarma, "Shef, mi zan kawo maka daga ƙasar Sin?" Ko sunan ƙasar da za mu bai riƙe ba, amma mutumin ya yi dariya ya miƙo masa takardarsa ba tare da ya duba ba. Tawa kuwa sai da ya juya ta gaba da baya.

A jirgi matsalata salla ce. Gabas muke yi, rana na ta gudu, na kasa gane ko azahar ce ko la'asar ta wuce. Na yi su a zaune, na sake yi, da muka sauka canjin jirgi na rama duka don kada a samu wadda ta kuɓuce. Abincin da aka kawo ban taɓa naman ba, don ban san wa ya yanka ba. Gado ya ci nasa ya ci nawa, ya toshe kunnuwa yana kallon fim ɗin Indiya har barci ya ɗauke shi.

A filin jirgin Jakarta, jami'in da ke buga hatimi ya dubi fasfona ya ce Nijeriya. Na ce a'a, Nijar. Ya ce Nijeriya. Na ɗauka rashin hujja ce, sai na zazzage masa takarduna duka a kan tebur, katin allurar rigakafi, takardar haihuwa, sartifika. Ganin haka, da gumin da ke zubo mini, ya kira wani suka kai ni ɗaki suka buɗe jakata har ƙasa. Sun samu kilishin da Hadiza ta ɗaure mini, suka riƙe shi. Da na fito na tarar da Gado zaune a kan akwatinsa, wasu mata masu shara suna ɗaukar hoto da shi.

"Taubashi," ya ce, "ai na yi zaton sun ba ka aiki a ciki."

Wanda ya tarye mu Malam Sabi'u ne, mutumin Konni da ya daɗe a can yana aikin aika kaya, ya yi aure a can, yana jin harshensu kamar ruwa. Duk maganar da zan ce an yi da mutanen ƙasar, ta bakinsa ta bi. Ya kai mu masauki kusa da babbar kasuwar tufafi ta Tanah Abang, wani gida mai hawa da baƙin Afirka ke sauka. Ɗakin ƙarami ne, iska ba ta motsi, gumi ba ya bushewa. A bayi akwai ƙaramin tankin siminti cike da ruwa da moɗar roba, wannan ya yi mini, don ya yi kama da gida. Masallatai kuwa ko'ina, kiran salla na haɗuwa da juna ta kowace kusurwa. Wannan ma ya kwantar mini da hankali.

Shinkafa gaskiya ce, safe da rana da dare. Suna da tsire da suke kira sate, ƙanana a tsinke, da miyar gyaɗa, sai dai sun zuba mata sukari. Nama da sukari! Yajinsu kuwa ɗanye ne, jajir, na lasa sau ɗaya na sha ruwa har cikina ya yi ƙara. Akwai kuma wani kwaɗon ganye da gyaɗa da suke kira gado-gado. Da mai abincin ya ji sunan taubashina sai da ya kira matarsa daga kicin ta zo ta gan shi. Daga ranar duk layin sun san Gado. Ni sunana bai zauna a bakin kowa ba, "abokin Gado" suke cewa.

A zauren masaukin akwai talabijin da ba a kashewa. Da yamma ma'aikatan gidan kan taru su kalli wasan kwaikwayo mai dogon zango, irin wanda ake kuka da harara ana kusanto da fuska. Wanda ya ɗaga mini hankali fim ɗin fatalwa ne. Gawa ce cikin likkafani, an ɗaure ta sama da ƙasa, ta taso tana tsalle-tsalle tana bin mutane. Su kuwa suna ihu suna dariya suna cin gyaɗa. Malam Sabi'u ya ce babu fim ɗin da ke cika gidajen sinima a ƙasar kamar irin wannan. Na ce likkafani abin wasa ne? A gida ko sunansa ba a kira a gaban tsofaffi. Ban rufe baki ba sai ga Gado ya naɗe da zanen gado yana tsallowa daga bene. Matar da ke karɓar baƙi ta yi dariya har ta zauna a ƙasa. Washegari an sa masa fanka a gefen gadonsa. Ni da na roƙi fanka tun ranar farko da gaisuwar da na haddace, ba a ba ni ba.

Pak Slamet gajere ne mai fara'a, da hula baƙa. Shagonsa na cikin kasuwar, hawa a kan hawa, ka ɓace ka sake ɓacewa. Abin da ban taɓa gani ba shi ne yadda suke ciniki ta waya. Kusan kowane shago akwai budurwa tsaye gaban waya da fitila mai zobe, tana ɗaga riga tana surutu ba numfashi, tana waƙa tana barkwanci, masu kallo daga gidajensu suna saye nan take. Rabi kasuwa rabi wasa. A shagon Pak Slamet 'yarsa Ayu ce ke wannan aikin.

Na zauna na fara abin da aka aiko mu. Ina juya jallabiya ina duba ɗinki, ina jan maɓalli, ina ware wanda zarensa ya saki. Ban ɗaga kai ba sai da na ji shewa. Ayu ta sa wa Gado wata riga mai zane ta tsayar da shi gaban waya, an kunna kiɗa, yana juyi yana gyara wuya yana cewa da Hausa, "Ku saya, ku saya, ko ba ku da kuɗi ku ci bashi!" Ba wanda ya ji abin da yake faɗi, amma saƙonni na ta hauhawa a fuskar wayar. Kafin azahar rigar ta ƙare. Pak Slamet ya rungume shi. Ni kuma ya dubi tarin da na ware gefe, ya yi wani murmushi da bai kai ido ba.

A hanya na ce wa Malam Sabi'u, "Ai aikina na yi."

Ya ce, "Ka yi. Amma a nan ba a nuna wa mutum aibin kayansa a gaban ma'aikatansa. Sai an ci an sha, an yi waƙa, sannan a raɗa masa."

Waƙar ma ta zo. Pak Slamet ya kai mu wani gida mai ɗakuna, kowane ɗaki da kujeru da talabijin da makirfo, iyali su shiga su rufe ƙofa su yi ta waƙa, kiɗa na fitowa daga na'ura. Na tsaya a bakin ƙofa sai da na tabbata ba giya a teburin. Kiɗan da suka fi so dangdut suke kiransa. Ganga ce da sarewa, yana kama da na fim ɗin Indiya da muka tashi da shi, sai dai gangar ta fi saurin shiga ƙafa. Gado ya saurari baiti ɗaya ya karɓi makirfo ya ɗora nasa, yana yabon Pak Slamet kamar maroƙi a gidan suna, yana haɗawa da sunan unguwarmu da na mai tsiren tasha. Matar Pak Slamet ta share hawaye. Aka miƙo mini. Na ce ba na waƙa. Aka matsa, na tuna maganar Alhaji, na tashi na yi wata da aka koya mana a lakwal da Faransanci. Kiɗa ya yi gabas na yi yamma. Aka tafa mini irin tafin da ake yi wa mara lafiya ya tashi zaune. Na'urar ma tana ba da maki, kada ku tambaye ni nawa ta ba ni.

Da na kira gida, kafin Hadiza ta tambayi lafiyata ta ce, "Mun ga Gado! Ɗan Alhaji ya samo wurin da yarinyar nan ke nuna kaya, kullum sai ya kai wa Alhaji ya gani. Kai ina kake shiga ne ba a ganin ka?" Na ce ina aiki. Ta ce, "To ka riƙa ɗan leƙowa mana." Na kashe wayar na zauna a bakin gado. Na san ƙyashi haramun ne, na san yana cin lada kamar wuta da kara. Na yi istigfari, na yi wa Gado addu'ar alheri da baki, amma da na ji dariyarsa daga ƙasan bene sai abin ya dawo sabo.

Ana saura 'yan kwanaki mu dawo Pak Slamet ya gayyace mu ƙauyensu a tsakiyar tsibirin Jawa, bikin kaciyar jikansa. Malam Sabi'u ya ce ko Alhaji ba a taɓa kai shi can ba, kuma a can ne Pak Slamet zai yanke shawarar wanda ya yi masa a cikinmu. Jirgin ƙasa muka shiga, mai sanyi da tsabta, yana ratsa gonakin shinkafa. Ban kalli komai ba, ina ta tsara yadda zan gyara sunana.

Bikin kaciya a can ya fi na aure a nan. An toshe hanya da rumfa, an jera lasifikoki kamar bango. Mawaƙiyar dangdut na kan dandamali, masu kiɗa a bayanta. Liƙi suke yi kamar mu, sai dai a hannu ake miƙawa ana rawa, mawaƙiyar kuma ta sa sunanka cikin waƙa. Na ga dama ta samu. Na daure na hau na miƙa, na faɗa mata sunana a hankali har sau biyu. Ta gyaɗa kai, ta juya ga jama'a ta rera, "Abokin Gado!" Haka Malam Sabi'u ya fassara mini, yana ƙoƙarin danne dariya.

Bayan azahar aka share fili aka kewaye shi da igiya. Aka ce wasan dawaki za a yi, jaranan suke ce masa. Samari suka fito da ado, kowa ya sa doki tsakanin ƙafafunsa, doki na saƙar gora, shafal kamar faifai, an yi masa fenti da geza. Masu kiɗa suna dukan ganguna da wasu farantan tagulla, sauti ɗaya suke maimaitawa, yana zagayowa yana zagayowa. Da farko rawa ce mai tsari, na ce wannan ba laifi. Sai wani dattijo mai baƙaƙen kaya ya kunna turaren wuta ya kaɗa bulala ta yi ƙara. Ɗaya daga cikin samarin ya faɗi ya sandare, ya tashi da ido a juye, yana haniniya. Wani ya bi. Aka kawo musu ruwa da furanni a daro suna sha da baki kamar dabba, ɗaya yana ɓare kwakwa da haƙori.

Ba wanda zai gaya wa ɗan Arewa mene ne wannan. Na ce wa Malam Sabi'u, "Wannan ai bori ne."

Ya ce, "Su wasa suke ce masa. Wasu na gaske ne, wasu na yi ne don a tafa."

Abin da ya fi rikita ni shi ne jama'a. A wurinmu in iska ta hau, a kan cire takalmi, a sunkuyar da kai, a yi magana da ladabi, wanda ba ya so kuma ya bar wurin. Nan kuwa ana sayar da ƙanƙara da balan-balan, mata masu hijabi na ɗauka a waya, samari na yin fito da baki don su tsokani wanda abin ya hau ya biyo su a guje a yi dariya. Fito! Mu da ake mari tun muna yara in mun yi fito, don kada mu kira abin da ba mu iya korewa.

Ayu ta kafa wayarta tana watsawa kai tsaye. Ta jawo Gado gaban igiya, samari suka nuna masa yadda ake yi, ya sa yatsu a baki ya yi fito mai ƙarfi. Wani doki ya juyo ya nufo shi, jama'a suka watse suna ihu. Gado bai gudu ba. Saurayin ya tsaya a gabansa yana shinshinar ƙirjinsa. Aka yi ta tafi. Ni ina gefe ina kallon fuskarsa, sai na ga ya yi hamma. Doguwar hamma, ya sake wata. Kafaɗarsa ta hagu ta fara rawa ita kaɗai, ba tare da kiɗan ba. Murmushin na nan a bakinsa amma idon ya tafi wani wuri.

Dole in faɗi abin da ba mu cika faɗi ba. Gidanmu daga wajen Lugu ya taso, inda bori ke da gindin zama. Babana ya bar waɗannan abubuwa ya dawo gari ya kama karatu, amma ƙanwarsa, uwar Gado, godiyar doguwa ce, wato doguwa ke hawa kanta, har ta rasu. Ina yaro na sha ganin yadda abin ke fara mata in an ja goge. Hamma ce, sai kafaɗar hagu. Tsofaffi kuma sun sha cewa doguwar gida ba ta mutuwa da mai ita, cikin 'ya'ya take duba wani.

Alhaji Nomau kuwa ba ya haɗa hanya da wannan ko kaɗan. Ya taɓa sallamar direbansa don an gan shi a wurin wasan bori, ko rawa bai yi ba, kallo ya je. Ga wayar Ayu a kan Gado, ga ɗan Alhaji a Dogon Dutsi da ba ya kuskure watsawarta. In Gado ya faɗi a filin nan yana birgima, ba sai an yi shawara ba.

Ba zan ɓoye ba, na tsaya. Hannuwana na aljihu. Wata murya a cikina ta ce, kai ba ka tura shi ba, ba ka ce ya yi fito ba, tsayawa kawai za ka yi. Na ga kaina a jirgi ni kaɗai, na ga Hadiza tana nuna wa maƙwabta hotona. Ban san tsawon lokacin da na ɗauka ba. Sai Gado ya ɗaga ƙafa zai tsallaka igiya, gwiwarsa ta lanƙwashe.

Na ture mutane na cafke shi ta wuyan riga. Na cire hulata na toshe masa fuska, na juya bayana ga wayar, ina karanta duk abin da ya zo bakina. Ya yi nauyi kamar buhun gero. Na ja shi da baya, muka bangaje teburin mai sayar da shayin ƙanƙara, kofuna suka tarwatse. Na ɗauki jug ɗin da ya rage na juye masa a ka. Kiɗa bai tsaya ba amma tafi ya tsaya. Abin da kuka gani a bidiyo ke nan, mutum yana cikin jin daɗinsa wani mai baƙin rai ya zo ya ja shi.

A bayan rumfa na zaunar da shi. Ya yi atishawa mai ƙarfi, ya sake, ya dube ni kamar wanda aka tasa daga barci. Wanda ya san abin ya san da atishawa iska take sauka. Amma wanda aka juye wa ruwan ƙanƙara a ka, ga hayaƙin turare, shi ma zai yi atishawa. Wannan tunanin ya hana ni sukuni har yau.

"Mi ka yi haka?" ya ce. "Wasa nike."

"Ka yi hamma."

"Mutum ba ya hamma? Shinkahwa na ci na ƙoshi."

"Kahwaɗarka fa?"

Ya matse rigarsa ya ce, "Ka ɓata mini sabon takalmi, bawan banza." Muryarsa ba ta yi irin ta wasan taubasai ba, kuma har muka bar ƙauyen bai sake waiwayar filin ba.

Pak Slamet bai yi faɗa ba, ba su faɗa. Ya biya mai shayi, ya aiko wa Gado da busasshiyar riga, ya yi mini murmushin nan nasa. Malam Sabi'u ya tambaye ni abin da zai ce masa. Na ce ya ce ina ba da haƙuri. Ya ce, "Shi ke nan?" Na ce shi ke nan.

Dawowa ba abin labari. An buga mana hatimi, mun kwana a Yamai, mun shigo bis ɗin safe. Washegari Alhaji ya kira mu zaurensa. Yana zaune a darduma ya miƙe ƙafafu, waya a gefensa. Ya ce Pak Slamet ya aiko da saƙo, ya ce Gado ɗan gida ne, ɗayan kuma mutum ne mai lura da aiki amma mai wuyar zama.

"Ban yanke ba tukuna," Alhaji ya ce. "Na ga wasan nan, bai yi mini ba, kuma na san ka, Arzika, ba ka taɓa yi mini ƙarya ba. In wani abu ka gani a jikin yaron ga da ya sa ka janye shi, hwaɗa mini yanzu. Mi ya sa?"

Gado na kallon tabarma.

Ƙarya ba zan iya ba, ko na gwada muryata za ta tone ni. Abin da na gani kuma ban da tabbacinsa, ba na rantsuwa a kan hamma. Na duba cikina ko akwai wata gaskiyar da na tabbata da ita, na same ta zaune tana jira.

"Alhaji," na ce, "tun daga shingen jandarma har ƙauyen nan, ba ranar da ban ji ƙyashin Gado ba. Ranar ma da shi na tashi."

Alhaji ya daɗe yana dubana. Ya ce, "Allah ya raba mu da sharrin zuciya. Na gode da ba ka ɓoye ba." Ya juya ga Gado. "Kai za ka riƙa tahiya. Arzika, ka riƙe magaza."

Da muka fito Gado ya tayar da babur ya ce in hau. Mun yi nisa a kan kwalta, wajen kasuwa ya ɗan juyo ya ce, "Taubashi, ashe ka iya ƙarya."

Na ce, "Ban yi ƙarya ba."

Ya ce, "Na sani," ya ƙara wuta.

Alhaji ya riga mu gidan gaskiya, Allah ya jiƙansa. Gado yanzu butik ɗinsa gare shi a bakin hanya, da sunansa a allo. Ni ina magazar 'ya'yan Alhaji. Bai taɓa ce mini na gode ba, bai kuma taɓa cewa abin da na gani gaskiya ne ba. Malam Sabi'u dai ya gaya mini duk zuwan da Gado ya yi sai Pak Slamet ya gayyace shi ƙauye, shi kuma kullum da uzurinsa, yau ciwon ciki, gobe kaya ba su gama haɗuwa ba. Amma gidan waƙa ba ya fashi. Yakan aiko mini da bidiyo, yana riƙe da makirfo, ya yi ƙiba, mutane na tafa masa suna kiran sunansa. In na kalla sai in ji ƙirjina ya yi zafi. Sai in yi istigfari, in sake kunnawa.